Jegon Baƙuwa a Shekarar Fari

Wata Talata ce gab da Mauludi, a tsakiyar bazarar 1974, na dawo daga rijiya da rabin tulu na ruwa mai laka, na tarar da wata mace a durƙushe a zaurenmu, ta dafa bango da hannu biyu tana nishi. Baƙin zane ne a jikinta, irin mai shunin nan da yake zuba, har fatarta ta rine, ƙafafunta kuwa sun tsattsage kamar bakin tafkin da ya ƙafe. Baba yana tsaye a waje, ya juya wa ƙofa baya, yana ta murza hularsa a hannu. Da ya gan ni sai ya ce, "Shiga ki kira uwarki." Ban kai ga shiga ba Inna ta fito da kanta, ta dubi matar sau ɗaya, ta ce da ni, "Sauke tulun nan ki kama mata hannu." Haka muka ja ta har ɗakin da muke ajiye fartanya da buhunan wofi. Kafin la'asar ta haifi ɗa namiji, ɗan firit, mai kuka kamar na ɗan mage. Ni a lokacin ban san shekara da lamba ba. Sai da na yi jika na shiga ajin yaƙi da jahilci, na zauna na lissafa. Mu dai shekarar fari muke ce mata, wadda ta biyo bayan canjin kuɗi, lokacin da tsofaffi suke ta faɗa da masu tebur a kan sule da kwabo.

Ƙauyenmu yana arewa da Babura, kan iyaka ba nisa. Tun muna yara mun saba da mutanen can, suna kawo mana kanwa da dabino da gishirin manda, su sayi gero da barkono su koma. Amma waɗanda suka fara sauka a wannan rani ba fatake ba ne. Dabbobinsu sun mutu a hanya, wasu sun binne 'ya'yansu a hanya, suka zo da tabarmi da ƙorai da jakunkunan fata da ba komai a ciki, suka zube a gindin kukar da ke bayan kasuwa. Akwai Hausawan Damagaram, akwai Fulani, amma mafi yawa Buzaye ne. Da farko gari ya yi abin da aka san shi da shi. Kowane gida ya aika da ƙwarya, liman ya yi wa'azi, Mai Unguwa ya raba wasu ga masu zaure, don a al'adarmu baƙo ba ya kwana a gari sai da mai masaukin da zai tsaya masa. To amma mu ma daminarmu ba ta yi ba. Da tafiya ta yi tafiya, ƙwaryar da ake aikawa ta koma ludayi, ludayin ma ya ɗauke. Mutanen da suka yi kuka ranar da baƙin suka sauka, su ne suka koma cewa an sace musu kaza, an ɓata musu bakin rijiya. Kuma a wannan lokacin ne ake ce mana ƙasa ta yi arziki, man fetur yana ta ɓuɓɓugowa a kudu. Ma'aikata suna zuwa daga Kazaure a kan sababbin babura, da rediyo rataye a kafaɗa. Mu dai ƙurar babur ɗin muka samu.

Sunan matar Raisha. Mun daɗe kafin mu gane, don Hausarta ba ta fi cikin cokali ba, sauran duk da hannu take yi. Buzuwa ce, daga can wajen Damargu, ƙetaren iyaka, suka taso ita da mijinta. Da suka iso gindin kukar nan ya ga ba za ta iya ƙara taku ba, sai ya bar ta a hannun wata tsohuwa 'yar garinsu, ya bi motar Kano neman aikin gadi, ya ce ta zauna a garin nan, nan zai dawo ya same ta. Tsohuwar ta rasu kafin haihuwar. Da naƙuda ta kama Raisha sai ta tashi ta shigo gari, ta faɗa zaure na farko da ta samu a buɗe. Namu ne, don ƙyauren ya daɗe da ɓallewa Baba bai gyara ba. Abu ɗaya ta iya faɗa da Hausa sarai, tana buga ƙasa da tafin hannu: "Nan. Shi zo nan." Ba ta da wani abin da ta mallaka a duniya sai wannan wuri da aka ce ta jira.

Inna mace ce da ba ta iya yin abu rabi ba. Washegari da asuba ta sa na jawo babbar tukunyar da aka yi mata wankan ƙanena da ita, ta ce a ɗora. Wanda bai tashi a ƙasarmu ba, bari in gaya masa abin da ake nufi. Mace in ta haihu a wurinmu, sai ta yi wankan jego safe da yamma har ta yi arba'in. A tafasa ruwa a katuwar tukunya, a tsoma ganyen darbejiya, a riƙa fyaɗa mata a jiki yana tiriri, ta fito ta sha kunun kanwa mai yaji, ta kwanta a gadon ƙasa da aka sa wa garwashi a ƙarƙashi. An ce in ba a yi haka ba sanyi zai shige ta, ta kumbura, ta lalace. Itacen wannan wanka miji ne yake tara shi tun ciki yana ƙarami, har ya yi tsibi a bayan ɗaki, mata su zo su gani su yaba ko su yi gulma. Raisha ba ta da miji a kusa, ba ta da tsinke ɗaya na itace, kuma shekara ce da ake faɗa a kan moɗa guda ta ruwa. Baba ya tsaya a tsakar gida ya ce, a hankali kamar yadda ya saba, "Su fa mutanen nan ba su san wannan wanka ba. A ba ta abinci ta huta mana." Inna ko ɗaga kai ba ta yi ba daga hura wuta. Ta ce, "Malam, a gidana ta haihu. Ba za a ce mace ta haihu a gidan Hajara an bar ta ɗanya ba." Baba ya ɗauki gatari ya fita.

Wankan farko ba zan manta da shi ba. Raisha ta ga tukunya tana tafasa, ta ga Inna da damin ganye, ta ga an ajiye mata kujera 'yar tsugunno, sai ta ƙwalla ƙara ta nufi ƙofa da rarrafe. Allah ne kaɗai ya san abin da ta zata za a yi mata. Sai da maƙwabta biyu suka shigo aka riƙe ta. Inna tana fyaɗa ruwa tana faɗa: "Tsaya mana, 'yar nan! Gata ake miki!" Ruwan da ya gangaro daga jikinta shuɗi ne fes, ya bi ta rariya ya fita waje, yara suka taru suna kallo. Da aka gama ta zauna tana kallon ruwan da yake tsiyayewa cikin yashi, sai ta sa hannu ta tare shi, ta ɗebo ta kai baki. Inna ta buge hannun. Daga baya na gane, matar da ta yi tafiyar da ta yi, ba zafin ne kawai ya sa ta kuka ba. Ba ta taɓa ganin an zubar da ruwa mai yawan haka a ƙasa ba.

Ruwan nan kuwa a kaina yake zuwa. Inna ba ta fita, yayyena maza biyu sun tafi cirani, ƙanena yana makaranta, saura ni, Kande, 'yar shekara goma sha ɗaya ko sha biyu. Rijiyarmu ta ja baya har sai an haɗa igiya biyu, kuma in an ja guga kaɗan sai a zauna a jira ta tsatso. Nan muke yini a layi, 'yan mata da tsofaffi, tuluna a jere kamar masu zaman makoki. Da can a bakin rijiya muke carafke da 'yan duwatsu, mu yi tuwon ƙasa, mu kitsa wa 'yar tsana gashi da zare, in wata ya fito mu yi gaɗa a dandali har a kore mu. A wannan shekara ba wadda take da ƙarfin tafi. Sauran yara su ɗebi tulu ɗaya ko biyu su tafi gida, ni kuwa in juye in dawo, in juye in dawo, har gammo ya cinye mini gashin tsakiyar kai. Gwaggo Hanne, yayar Baba, ita ce sarauniyar bakin rijiya, ba abin da yake wuce ta. Kullum ta gan ni sai ta ce, "Ke Kande, wai kifi kuke kiwo a gidan nan?" Mata su yi dariyar da ba ta kai ciki ba. In na gama da ruwa in ɗauki kwando in shiga daji tsintar kara da busasshen kashin shanu, in bi ta gefen mushen dabbobi ina toshe hanci.

Ganyen darbejiya kuma a makarantar firamare kaɗai ya rage, don itatuwan gari duk an sassaɓe wa awaki. Sai in laɓe a bayan aji in jira a buga ƙarfen ƙafar motar nan da suke rataye da shi a matsayin ƙararrawa, yara su shige, in haye in karyo. Ta taga nake jin su suna bin malam da baki ɗaya, suna rera baƙaƙe kamar waƙa, ƙanena yana can gaba da allonsa da farar rigarsa da ni nake wanke masa. Sau da yawa nakan manta da abin da ya kawo ni, in zauna a kan reshe ina bin su a zuci, ban san me nake faɗa ba. Ranar da hedimasta ya kama ni ya ɗaga bulala, ya tambaye ni uban da ya aiko ni. Na ce masa maijego ce a gidanmu. Ya sauke hannu ya ce in riƙa karya ta ɓangaren da ba a gani daga hanya. Iyakar karatun da na samu a wannan makaranta ke nan.

An yi suna ba rago ba maroƙi. Baba ya raba goro kaɗan, liman ya raɗa wa yaro Muhammadu, gari kuwa ya sa masa Baƙo, sunan da ya bi shi har yau. Ba a daɗe da sunan ba sai sanƙira ya zaga gari: hukuma ta ce a tattara duk baƙin da suka ƙetaro a mayar da su bakin iyaka, wai can ƙasarsu an buɗe musu wurin zama ana rabon abinci, kuma duk wanda yake da baƙo a gida ya fito da shi. Ko da gaske akwai abincin ko babu, ni ban sani ba, kuma ban ga wanda ya dawo ya ba da labari ba. Ranar kasuwa babbar mota mai bodin katako ta zo ta tsaya a gindin kuka. Ina kan hanyar rijiya na tsaya na gani. Ba duka ba zagi, gara ma a ce an yi. 'Yan doka biyu suna tsaye suna hamma, mutane suna hawa ɗaya bayan ɗaya da tabarminsu, wani tsoho yana roƙo a bar shi ya hau da akuyarsa. Mutanen gari suna daga nesa, wasu sun sunkuyar da kai, wasu kuwa na ji da kunnena suna cewa an huta. Motar ba ta ɗauke su duka ba, aka ce za ta riƙa dawowa duk ranar kasuwa har sai an kwashe.

Da yamma Mai Unguwa ya yi sallama a zaurenmu. Ɗan kawun Inna ne, abokin wasanta tun suna yara, shi ya sa take iya gaya masa abin da wata ba za ta iya ba. Baba ya shimfiɗa masa buzu, Inna ta tsaya daga bayan asabarin ƙofar ciki, ni ina gefenta da Baƙo a baya. Mai Unguwa ya yi ta kewaye-kewaye, daga ƙarshe ya ce an ce akwai saura a gidan nan. Inna ta ce, "Ranka ya daɗe, akwai maijego. A garin ubanka ka taɓa ganin an fitar da maijego kan hanya ba ta yi arba'in ba? In kai ne za ka fara, ga ta can, shiga ka ɗauko ta, in ya so gobe matarka in ta haihu mu ma mu zo mu ɗora ta a mota." Ya yi dariya ya ce, "Hajara, bakin nan naki shi zai kai ki wuta." Ta ce, "In na je zan tarar ka riga ni kama wuri." Ya tashi yana kakkaɓe riga, ya ce da Baba a hankali, to, in ta yi arba'in sai a fito da ita, shi ma sama da shi akwai wasu. Raisha tana ɗaki ba ta ji Hausar ba, amma ta ji ƙarar motar da rana, ta kuma ga hayaƙin gindin kuka ya ragu. Da na shiga na same ta ta dafa ƙasa da hannu biyu.

Arba'in ta cika. A ƙa'ida ranar ake yin wankan ƙarshe, a kife tukunya, maijego ta yi kitso da lalle ta fita gaishe-gaishe. Ni na kwana da murna, ina cewa wuyana zai huta. Da gari ya waye sai na ji Inna tana hura wuta. Na ce, "Inna, ai jiya aka gama." Ta ce, "Wa ya ce miki? Ɗauki tulu." Daga wannan rana ba wanda ya ƙara ambaton kwana a gidanmu. Muddin hayaƙi yana tashi safe da yamma, muddin ruwan zafi da ganye suna fita ta rariya inda duk mai wucewa zai gani, to akwai maijego a ciki, kuma ba namijin da zai zauna yana ƙirga kwanakin jinin matar wani, kunya ba za ta bar shi ba. Mata kuwa sun san lissafin sarai, su da suke riƙe da kwanan haihuwar kowa a ka. Gwaggo Hanne ta dube ni a rijiya ta ce, "Wannan jego naku na giwa ne?" Ta ƙara da cewa, da ƙarfi don kowa ya ji, "To ai haihuwar fari ce, kuma jikin nasu ba irin namu ba ne, sai an daɗe ana gasawa." Daga nan ba wadda ta sake tayar da zancen. Da Mai Unguwa ya dawo ya tambaya, daga bakin zaure, ko an gama, Inna ta ce, "Wallahi yau ma ta yi wanka." Ya ce to, ya juya. Kuma don kada rantsuwarta ta zama ƙarya, Inna ba ta taɓa yarda a zubar da ruwan haka kawai don idon mutane ba. Sai an yi wankan sosai, da kununsa, da gashinsa. Raisha da a da sai an riƙe ta, yanzu da ta ji tukunya ta tafasa take fitowa ta zauna a kujera da kanta, ta rufe ido.

Ba zan yi muku ƙaryar cewa da daɗin rai na yi ba. Na gaji, gajiyar da har yau in hadari ya taso sai na ji ta a wuyana. Zafin bazara ya kai inda ƙasa take ƙona tafin ƙafa, mu kuwa muna kwana muna tashi da wuta a tsakar gida. Itace ya ƙare a kusa, muka ƙone dangar bayan gida, muka ƙone rumfar awaki tunda awakin an sayar. Rannan Baba ya tsaya ya daɗe yana kallon ƙaramin rumbunmu da ba ko zangarniya a ciki, sannan ya sa gatari ya fara sassare ƙafafunsa. Rumbun da ubansa ya kafa. Tuwonmu ya koma na dusa da miyar tafasa, amma kunun maijego bai taɓa fashi ba, kuma ni da na ɗebo ruwan sai dai in lashe ludayi. Akwai ranakun da in na ji ƙarar motar nan ta ranar kasuwa nakan ce a raina, da ma. Raisha kuwa in na sauke tulu sai ta jawo ni ta zaunar, ta riƙa murza mini wuya da yatsunta masu tauri, tana wata 'yar waƙa da yarensu ƙasa-ƙasa. Ta yanki gefen jakar fatarta ta ɗinka mini gammo mai laushi. Ina jin haushinta, ina kuma barci a cinyarta.

Sai ƙafafunta suka fara kumbura. Daga ƙafa ya hau ciki, fuska ta yi suntum, in ta taka daga ɗaki zuwa wurin wanka sai ta tsaya tana haki, da dare ba ta iya kwanciya sai a jingine. Duk macen da ta shigo ta gan ta magana ɗaya take yi: sanyi ne, ya shige ta tun a hanya, wankan bai ratsa ba. Inna ta ƙara wuta. Gwaggo Hanne, mai zagin nan, ta kwance ƙullin kanwa mai kyau da ta daɗe tana ɓoyo ta kawo da kanta, ta ce a ninka mata a kunu. Kowa ya kawo iyakar abin da ya sani na alheri. Baba ne kaɗai ya ce a kai ta asibiti. Inna ta ce, "In ta taka ƙofar zauren nan ta zama mai fita, Malam. Wa zai hana su?" Baba ya ce rai ya fi. Suka kai maganar gaban mai ita, Baba yana nuna hanyar Babura da hannu, yana kwaikwayon allura. Raisha ta dube shi, ta dubi ɗanta, ta girgiza kai. Numfashinta bai isa dogon zance ba ko da tana da Hausar. Ta buga ƙasa sau ɗaya.

Ruwan farko ya sauka da safe, muna tsakiyar wanka, ya kashe wutar. Gari ya fashe zuwa gona, kowa da sungumi da ɗan irin da ya rage ko ya ranto. Hanya ta jiƙe ta lalace, ranar kasuwa ta zo mota ba ta zo ba, ta gaba ma haka. Ba wanda ya zo ya ce an janye dokar. An dai daina maganarta ne, kamar yadda ake daina maganar komai. Amma mu da muke ciki ina muka sani? Inna ta ci gaba da ɗora tukunya da jiƙaƙƙen kara, muna shan hayaƙi, har sai da gero ya kai gwiwa, Mai Unguwa ya haɗu da Baba a gona ya ce masa, "Wai har yanzu kuna dafa baiwar Allah nan? Ai zance ya wuce tuni." A ranar Baba ya aro amalanke, muka shimfiɗa ta, ni da Inna da ta yi shekaru ba ta fita da rana ba, muka nufi Babura. Malamin asibiti ya danna ƙafarta, yatsansa ya lotsa ya bar rami. Ya tambaya tun yaushe take wanka da shan kanwa. Da aka gaya masa sai ya dafe kai. Ya ce zuciyarta ce ta gaji, zafin nan da kanwar nan su ne suka ƙara mata nauyi, a daina yau ɗin nan. Inna ta dube shi. Ta ce, "Malam, da ban dafa ta ba, da yanzu tana ina?" Ya juya ya haɗa allura.

Raisha ta tashi, amma ba ta koma daidai ba. Kumburin ya saɓe, hakin bai tafi ba. Ba ta ƙara iya riƙe taɓarya ba, ba ta iya goyo. Ta zauna a gidanmu, a inda aka ce ta jira, tana ɗinka layu da zabira da 'yan jakunkuna na fata ina kai mata kasuwa. Wurin zamanta bakin ƙofar ciki, inda take hango zaure. Duk wanda zai tafi Kano sai Inna ta sa an gaya masa ya tambayi Buzayen da suke gadi a ƙofofin masu kuɗi, ko akwai wanda ya bar mace mai ciki a arewacin Babura. Wasu sun tambaya, wasu sun ce sun tambaya. Mijin bai zo ba. Ko mutuwa ya yi, ko ya je bakin iyaka nemanta da ya ji an kwashe mutane, ko kuwa birni ne ya haɗiye shi, Allah ya bar wa kansa sani. Baƙo yana gudu da ƙafarsa ya fara surutu, da Hausa tsantsa, lokacin da Raisha ta rasu, wata damina, a jingine da bango. Aka binne ta a maƙabartarmu kusa da kakata. Inna ta raini yaron tare da jikokinta. Yau dattijo ne mai 'ya'ya da jikoki, yana sayar da hatsi a kasuwar Gwiwa, in ya zo gaishe ni ya durƙusa ya ce Yaya.

Na sha jin wannan bayani na kanwa da ruwan zafi daga baya, a wajen awon ciki da na raka 'ya'yana, da kuma a ajinmu na manya, inda wata malama ƙaramar yarinya ta tsaya tana kiran abin jahilci. Na bar ta ta gama. Gaskiya ta faɗa, ni ma ban bar 'ya'yana mata sun yi irin wancan wanka ba, na yi faɗa da surukai a kai. Amma ban yarda kowa ya zagi Inna a gabana ba. Ba ta da doka a hannunta, ba ta da ofis, ba ta san ƙofar kowa ba. Tukunya gare ta da al'ada, da su ta tare mota. Abin da ta tare da shi ya ci rabin ran wadda ta tare wa, kuma ta san haka, don har ta mutu ba ta ƙara shan kunun kanwa ba, ba ta kuma taɓa faɗin dalili ba.

Yanzu a Kazaure nake zaune wurin ɗana, a gida mai famfo da ƙofar ƙarfe. Da safe in na fita nakan ga mata a bakin tasha da gindin shaguna, da yara da ƙullin kaya, waɗanda tashin hankali ya koro daga garuruwansu na yamma da mu. Su ba ma wata iyaka suka ƙetaro ba, Hausa ɗaya muke yi. Muna miƙa musu canji ta tagar mota, mu ce Allah ya kyauta, mu wuce. Rannan na ga wata a cikinsu da tsohon ciki, ta dafa bango. Na tsaya na dubi layinmu daga farko har ƙarshe, gidaje masu kyau, ruwa a tanki, gas a kicin, kowace ƙofa da kwaɗo, har da tamu. Mun fi su Inna sanin abin da yake kashe maijego. Sai dai ban ga zauren da za ta faɗa ba.